Atamfar Da Na Ara Wa Yaya Mardiya

Masu karatu, yau ba ni da ran doguwar gaisuwa, ku dai gyara zama. Wasunku sun dame ni da saƙo wai ina jan labarin nan, wata ma ta ce soyayyar mutanen da can ba ta da gishiri. To ga gishirin, Allah ya sa kada ya yi muku yawa. Wanda ya shigo yau bai yi asarar komai ba. Sunana Lauratu, shekarar 1986 muke ciki, ina da shekara ashirin, muna zaune a saman wani tsohon bene a Hada'iƙul Ma'adi, cikin Alƙahira. Babana, Alhaji Ɗanmalam, akawu ne a ofishin jakadancinmu. A makon da zan ba ku labarinsa, duk wani Bahaushe da ke garin ya gama yarda cewa na yi cikin shege na zubar. Ban yi ba. Na san wadda aka cire wa ciki, nata kuma na aure ne, amma in na buɗe baki na wanke kaina, auren yayata ne zai mutu.

Bari in fara da Hadi, tunda na san shi kuke jira. Ɗalibin shari'a ne, dogo siriri, da tabarau da ya ɗaure ƙafarsa ɗaya da baƙin zare. Karɓar saƙon gida ne ya fara kawo shi wurin Baba, daga baya saƙon ya ƙare shi bai daina zuwa ba. Baba ya sa wa wayar gidanmu ɗan kwaɗo, ba mu iya kira sai dai a kira mu. Hadi yakan kira daga wani kanti kusa da masaukinsu a unguwar Ainu Shams. In Baba ya ɗauka sai ya tambayi labarin damina a gida, in ni ce sai ya hau gyaran murya. Mutumin nan ko so zai furta sai ya kawo maganar malamai biyu da ta wanda ya saɓa musu. Ina yi masa dariya, amma ina son sa, kuma ba zan ɓoye muku ba, son ya yi min yawa.

Yayarsa, Hajiya Baraka, matar wani babban jami'i ce, tana zaune a ainihin Ma'adi inda bishiyoyi suka rufe titi. Ita ce uwarsa a Masar. Da ta je hutu Kano ta dawo min da kayan toshi: turare, takalmi, gyale, da atamfofi. A cikinsu akwai wata shuɗiya mai duhu, da zanen ƙananan kifaye ruwan goro. Sai da ta ba mu labarin yadda ta taka kasuwar Kwari har ƙafarta ta kumbura kafin ta samo ta, da yadda mai shagon ya rantse turmin nan kaɗai ya rage masa. Tana faɗa tana shafa ta tana ce min amaryarmu. Ni na ɗinka ta da hannuna a keken Inna, riga da zani da ɗankwali, na ninke na sa a ƙasan akwati, na ce sai ranar da za a sa mana rana. Ko a tsakar ɗaki ban taɓa fitowa da ita a jikina ba.

'Yan matan yanzu ba za ku gane nauyin wannan ba, don haka ku saurara. A lokacin matan Hausawa a Alƙahira ba mu da yawa, kuma ba a sayar da atamfa a Masar, sai an taho da ita daga gida. Kowace mace ta san zannuwan kowace. Kina tsaye a tashar jirgi, ki hango mace ta ba ki baya daga can nesa, ba ki bukatar fuskarta. Zanin zai faɗa miki ko wace ce, da wanda ya saya mata, da sunan da aka yi ta fara ɗaura shi.

Yaya Mardiya ta girme ni sosai. An yi mata aure tun muna gida, ni kuwa a makarantar Masar na tashi, shi ya sa Larabcina ya zauna nata bai wuce na cefane ba. Daga baya ta biyo mijinta, Malam Bukar, da ya zo ƙaro karatu, suka kama ɗaki a Ainu Shams. Bahaguwa ce tun tana yarinya. Inna ta sha buge hannun har ta koyi ci da miƙa abu da dama, amma da zarar hankalinta ya tashi hagun ne ke dawowa. Tun da ta haifi tagwayenta, Hasan da Husaina, zuciyarta ta samu matsala, hawa bene ma sai ta huta a hanya. Da ta sake samun ciki, likita ta ce zuciyar ba za ta ɗauka ba, ko dai a cire ko a rasa su duka biyu.

Kada ku ɗauki Malam Bukar mugu. Mutum ne da ke goya tagwayen yana bitar karatu, ni kuma tsokanata yake yi kamar kowane mijin yaya. Amma a kan wannan maganar kansa dutse ne. Ya ce likita ba Allah ba ce. A gaban Inna ya dubi matarsa ya ce, "In kika bari aka taɓa cikin nan, a bakin aurenki." Bayan nan ya tafi Saudiyya aikin tafinta na lokacin Hajji, kamar yadda ɗalibai da yawa suke yi. Yana can Yaya ta faɗi a matakala, leɓenta ya koma shuɗi. Inna ce ta kai ta asibiti, Inna ce ta riƙe mata hannu aka yi abin da likita ta ce. Da ya dawo aka ce masa ɓari ta yi. Ya yi salati, ya fita ya sayo mata hanta da lemo. Baba ma abin da aka faɗa masa ke nan. Mu uku ne muka san gaskiya, kuma mun san in ta fito, furucin nan nasa yana nan yana jira, yaran kuma ba zai bar mata su ba.

Bayan kamar shekara, likitar ta haɗa Yaya da wata Bamisriya mai suna Ustaza Afaf. Fim take yi, ba na wasan kwaikwayo ba, irin wanda mutanen gaske suke zama su faɗi abin da ya same su. A kan gardamar zubar da ciki ne. Ta ɗauki shehunai, ta ɗauki wani limamin coci, ta ɗauki likitoci, tana neman matan da abin ya faru a jikinsu. Ta ce a wani taro a ƙasar waje za a nuna. Da Yaya ta ce min ta yarda, na zaci ciwon ya taɓa mata kai. Na yi faɗa, na yi magiya. Ta bar ni na gama sannan ta ce, "Lauratu, shekara guda ina haɗiyar maganar nan har ta tsaya min a ƙirji. Ina so in faɗa wa wanda ba zai yi min wa'azi ba, ko sau ɗaya."

Amma ta kafa sharuɗɗa, kuma ni na fassara su ɗaya bayan ɗaya. Kada a ga fuskarta. Kada a ji muryarta. A cire maganar miji, a cire tagwaye, a cire ciwon zuciya, don Bahaushiya mai tagwaye da ciwon zuciya guda ɗaya ce a duk Masar. Ustaza Afaf ta ce tamam, ita dai abu ɗaya take roƙo, a zo da kayan ƙasarmu don mai kallo ya san matsalar ba ta Misrawa kaɗai ba ce. Ranar da za mu tafi Yaya ta zazzage kayanta a kan gado, ta ɗaga wannan ta ajiye, ta ɗaga wancan. Kowane zani an san ta da shi. Sai ni, sarauniyar wayo, na ce ai ina da wadda ba wanda ya taɓa gani a jikin kowa. Har daɗi na ji da dabarar ta zo min.

A falon Ustaza Afaf aka yi. Aka zaunar da Yaya a kujera ta ba taga baya, hasken ya cinye fuskarta ta koma baƙi ƙirin, amma kifayen nan suka fito ɗaya-ɗaya. Ni ina bayan kyamara. Ta faɗa da Hausa, in maimaita da Larabci don Ustaza ta san me za ta tambaya gaba. Tafinta kuwa ba ya cewa ta ce, sai dai ya ari bakin mai magana. Yaya ta ce na shiga, ni ma in ce na shiga. Tana kuka ina kuka. Ustaza ta yi alkawarin za ta samo wata ta sake karanta fassarar, muryata ba za ta fito ba. Muka dawo gida, na wanke atamfata na goge na mayar akwati, na manta.

Watanni suka wuce. Ana saura kaɗan a sa mana rana, wata Laraba bayan la'asar, sai ga Hajiya Baraka. Ba amaryarmu, ba wasa. Ta gaishe da Baba a tsaye, ta ciro kaset daga jaka ta ce a kunna bidiyo. Ashe fim ɗin ya je wajen ya dawo, an nuna shi a wani taron mata da aka gayyaci matan manyan jami'ai, ita kuma ta bi ta aro kaset ɗin. Ta sa aka wuce shehunai da likitoci, har aka zo kan wata mace mai baƙar fuska a gaban taga.

Sai na ji muryata ta cika falonmu. Ba a sake karanta komai ba. An dai cika wa Yaya alkawarinta tsaf, an cire muryarta, an cire miji, an cire yara, an cire ciwo. Abin da ya rage shi ne ni, cikin kuka, ina cewa da Larabci: na shiga da safe, cikin yana wata uku, na yi wa mutanen gidanmu ƙarya, kuma har yau da ƙaryar nake kwana. Macen da ke hoton ta ɗaga hannun hagu ta ja bakin gyale ta share fuska. Duk wanda ya ga wannan, budurwa ya gani wadda ta yi abin kunya ta ɓoye.

Hajiya Baraka ta tsayar da hoton daidai kan zanin. "Alhaji, fuska dai an ɓoye," ta ce da Baba. "Amma turmin nan ni na saye shi da hannuna. Muryar kuwa ba sai na faɗa maka ba."

Na buɗe baki zan ce fassara kawai na yi, sai na ji ƙafar Inna a kan tawa, ta danna da ƙarfi. A nan na ga ramin da ke gabana. In na ce tafinta ce ni, za a ce ta wa. In na ce aron zanin na bayar, za a ce wa. Wace mace ce budurwa za ta buɗe ƙasan akwatinta ta ara wa kayan toshinta tun ba ta taɓa sawa ba? Yarinya ƙarama ma za ta ba da amsar. Na rufe bakina. Baba ya dube ni, ya jira, ya sake jira. Bai zage ni ba, bai ɗaga hannu ba, da ma ya yi. Ya miƙe ya shiga ɗaki, tun daga ranar kuma in na gaishe shi sai ya dubi bango.

Washegari ya kira Malam Bukar, a matsayinsa na malamin gida, ya kunna masa. Ina ɗaki ina jin muryata tana sake tona min asirin da ba nawa ba. Inna kuwa tana kicin tana yanka mulukiyya, wato lalonsu na Masar, kamar ba abin da ya faru. Na same ta na ja ƙofa na ce ta dube ni. Ba ta ɗago ba. Inna ba ta kiran sunan Yaya saboda 'yar fari ce, sai dai ta ce yayarki. Ta ce yayarki tana da yara biyu da zuciya rabi. Ta ce in aka raba ta da yaran nan ba za ta kai wata ba. Ta ce ni yarinya ce, lafiyata ƙalau, magana kuma tana tsufa, in wannan ya tafi Allah zai kawo wani.

"Inna, sunana ne fa," na ce.

"Na sani."

"Baba ba ya amsa gaisuwata."

"Na gani. Ki ba ni aron sunan, Lauratu. Ni na haife ki, ban taɓa roƙon ki komai ba." Sai a lokacin na lura ba albasa a gabanta, amma idonta yana zuba.

Ku faɗa min, masu karatu, da wa zan yi faɗa? Haushi ya cika ni har wuya amma na rasa inda zan sauke shi. Na ɗauki gyale na hau jirgin ƙasan Hilwan na tafi wurin Ustaza Afaf, don ita kaɗai ce zan iya yi wa tsawa. Ta ba ni kujera, ta ba ni ruwan sanyi, ta saurare ni da hannu a kumatu. Ta ce ta gwada wata mai karatun, amma muryar ta fito a bushe, tawa kuwa akwai rai a ciki, ta kasa zubar da ita. Ta ce ita a tunaninta mai labarin ake karewa, ba ta taɓa kawo wa ranta cewa za a nemi tafinta ba. Da na yi mata bayanin zanin sai ta ware ido, wai yaya za a gane mutum da yadi, ai masaƙa dubbai take bugawa. Na ce a garinku ke nan. Ta ce za ta iya zuwa gidanmu ta shaida ba ni ba ce. Na ce in Baba ya tambaye ki to wace ce fa? Sai ta ce, "Ma'alish, habibti." Ma'alish ɗin nan, wato yi haƙuri, har yau in na ji shi sai raina ya ɓaci. Ta samu fim ɗinta, an tafa mata a ƙasar waje, ni kuma na koma jirgi ina tsaye a matse cikin mutane ina haɗiye kuka.

Hadi bai kira ba. Duk ƙarar da wayar ta yi sai in ruga, in tarar abokin Baba ne, ko wata daga cikin matan garin da ta kira wai gaishe da Inna. Gaisuwa a bakinsu, amma kunne suka miƙo. Abin da nake jira daga Hadi bai fi kalma huɗu ba. Ya kira ya ce, ba ke ba ce. Ko bai san yadda aka yi ba, ya ce ya san ni.

Wadda ta kira ita ce Yaya, daga wayar maƙwabtansu. Na ɗauka na ji numfashinta mai nauyi, ta kasa cewa komai sai sunana. Ni kuwa bakina ya riga hankalina. Na ce, "Yaya, ƙirjin ya yi sauƙi ko? Kin faɗi maganarki kin huta." Na ajiye wayar. Na ji daɗin faɗar, ba zan yi muku ƙarya ba, amma daɗin bai kai ni ƙofar ɗaki ba ya gudu.

Ranar Juma'a ta makon da ya biyo baya, bayan an sauko daga masallaci aka taru a falonmu. Baba a kujerarsa, Malam Bukar a gefensa, Hadi da Hajiya Baraka a doguwar kujera, Inna a bakin ƙofar kicin. Ni aka ce in zauna a kan darduma a tsakiya. Yaya ta zo tare da mijinta, amma tun shigowarsu ta wuce ciki da yaran, ko kallon ta ban yi ba. Hadi ya rame, ya sa jallabiyarsa mai kyau, idonsa a kan yatsun ƙafarsa.

Malam Bukar ya fara nasiha. Da ma ya yi min tsawa, da na fi iya ɗauka. A hankali ya yi, da tausayi, yana ce min ƙanwata. Ya yi maganar rai da amanarsa, ya yi maganar faɗin rahamar Allah. Sannan ya ce ba sai na je nesa neman abin koyi ba, in dubi yayata. Likitoci sun tsorata ta, ta ƙi, ta yi tawakkali, Allah ya karɓi abinsa da kansa ya bar mata ranta da mutuncinta. Na ɗago na dubi Inna. Inna ta dubi silin. Na cije leɓena har na ji ɗanɗanon jini.

Sai Baba ya ce Hadi yana da magana. Ya gyara murya, irin gyaran nan da nake yi wa dariya a waya. Ya ce ya yi istihara. Ya ce ya duba maganganun malamai. Hajiya Baraka ta ja tsaki ta juyar da kai, da alama sun sha rigima a kai kafin su zo.

"Ba zan janye ba, Baba," ya ce. "Zan aure ta, in rufa mata asiri. Abu ɗaya nake roƙo. Ta faɗa da bakinta sau ɗaya cewa ita ce, kuma ta tuba. Khalas, ba zan sake tayar da maganar ba har in mutu."

Baba ya sa hannu ya rufe fuska. Malam Bukar yana ta sa masa albarka. Kowa a ɗakin nan ya ga mutumin kirki, kuma mutumin kirkin ne, na sani. Na san irin wuyar da ya sha kafin ya iya faɗar haka a gaban yayarsa. Amma ni ji na yi kamar in ɗauki tabaran nan nasa in taka. Ko tambaya ta bai yi ba. Ya zauna kwana da kwanaki yana buɗe littattafai yana neman hanyar yafe min, bai ɗauki waya ya ce Lauratu me ya faru ba. Zai aure ni, ya riƙa kallo na kullum a matsayin wadda ya yi wa alfarma, ni kuma in riƙa godiya. Na ce a raina wallahi ba zan faɗa ba. A fasa auren, a mayar da ni gida Nijeriya, amma ba zan tuba daga abin da ban yi ba.

Ina cikin wannan rantsuwar labulen ƙofar ciki ya motsa. Yaya Mardiya ce ɗauke da tiren shayi. Ta buɗe akwatina. Riga, zani, ɗankwali, duk ta sa, shuɗiyar atamfar nan mai kifaye. Husaina tana biye da ita ta riƙe bakin zanin. Ta ajiye tiren a kan tebur, ta durƙusa, numfashinta yana fita da ƙyar.

"Baba," ta ce, "ina da magana."

Abin da na kwana ina roƙo ke nan duk makon. Ga shi ya zo har gabana, ba sai na yi komai ba, shiru kawai zan yi ta wanke ni. Sai na dubi leɓenta na ga launin nan na ranar matakala ya fara dawowa. Na dubi ɗan hannun Husaina a kan zanin. Ban yi shawara da kowa ba, ko da kaina.

"Ni ce," na ce, da ƙarfi yadda zai rufe tata muryar. "Ni ce a fim ɗin. Na tuba." Na juya kanta na haɗe fuska. "Ke kuma Yaya, wa ya ce ki taɓa min akwati? In wa'azi za ki yi min da zanin, an riga ki. Ki zuba wa mutane shayi."

Hadi ya sauke ajiyar zuciya ya ce alhamdu lillahi. Ya dube ni a karon farko tun shigowarsa, da wani murmushin tausayi da har yau ban yafe masa ba. Hajiya Baraka ta ce to ai shi ke nan, an ji da kunne. Baba ya share ido. Inna ta jingina da ƙofa. Na sayar da sunana a gaban ubana da wanda nake so, na ce aƙalla dai na sayi wani abu da shi.

Yaya ta daɗe a durƙushe tana kallo na, bakinta a buɗe. Sannan ta miƙe a hankali, don ba ta da sauran abin yi, ta ɗauki butar shayin. Teburin yana gaban taga, rana kuma ta karkato, hasken ya bugo ta baya ya cinye fuskarta. Ta zuba kofi na farko, ta ja bakin gyale ta share ido, ta miƙa wa mijinta. Duka da hannun hagu.

Malam Bukar ya ɗago hannu zai karɓa, sai ya tsaya. Ya dubi hannun. Ya dubi kifayen. Ya dubi baƙar inuwar da ke tsaye a gaban taga inda fuskar matarsa ya kamata ta kasance. Sannan ya juyo ya dubi hannuwana, da na haɗa a kan cinya. Kofin ya karkace a hannunta, shayin yana ɗiga a kan atamfata, shi bai karɓa ba.

"Alhaji," ya ce da Baba, muryarsa ƙasa-ƙasa, "kaset ɗin nan yana nan? Ina so a sake kunna min."